Me ya sa ake ce musu jaridun yamma alhali da safe suke fitowa?

Malam, ka tambayi dalilin da ya sa ake kiran Expressen ta ƙasar Suwidin jaridar yamma, da kuma ko wane ne mai ita.

Asali da yammar suke fitowa. Ba a kai su gida kamar jaridun safe, a kanti da bakin tasha ake sayar da su ga ma'aikacin da ya taso daga aiki. Tunda kullum sai an ja hankalin mai saye, dole a buga kanun labari da manyan baƙaƙe da hotuna. Da talabijin ya ƙwace labaran dare, sai suka riƙa fitowa da wuri, sunan kuwa ya zauna a kan salon.

A cikin irin waɗannan jaridu na Suwidin, Aftonbladet ce tsohuwa, Lars Johan Hierta ya kafa ta a 1830. A Yaƙin Duniya na Biyu ta karkata wajen Jamus, shi ya sa iyalan Bonnier, waɗanda asalinsu Yahudawa ne, suka fito da Expressen a 1944, da rina mai harbi a matsayin tambarinta. Wannan ƙarfin hali yana burge ni ƙwarai.

Tun 1837 gidan Bonnier yake buga littattafai a Stockholm, kuma har yau kamfanin, wanda shi ke da Expressen, a hannun zuriyarsu yake.