Waƙa ko fim, wanne ya fi fito da damuwar mutane?

Ɗan'uwa ka tambaya wai tsakanin waƙa da fim wanne ya fi fito da matsalolin al'umma, to ni dai a ganina hanyarsu ce ta bambanta. Mawaƙi yakan matse ciwon mutum dubu cikin baiti ɗaya, amshi ya yi ta dawowa har maganar ta zauna maka a rai, kuma da habaici yana faɗin abin da in a fili ne da tuni an kama shi.

Shi ko fim nuna maka yake. Kyamara ta matso kan fuskar uwar da ta rasa kuɗin maganin ɗanta, ba ta ce uffan ba, shirun nan kaɗai wallahi sai hawaye ya zo maka. Dubi Italiya bayan yaƙin duniya ya ƙare a 1945, masu fim suka fito titi suna ɗaukar talakawan da ba 'yan wasa ba, leburori da marasa aikin yi, cikin unguwannin da yaƙi ya ɗaiɗaita. Abin da ke ɓata min rai kawai in darakta ya koma wa'azi, ɗan wasa ya tsaya yana karanto mana darasi, nan take nake fita daga labarin.