Kar masta ta fita sai kuɗi sun shigo

Kai yaro, na ga saƙonka, tambaya biyu ka haɗa min. Wai yaya ake daidaita sauti da bakin ɗan wasa a Premiere, manhajar da muke editin da ita, sannan furodusan da kake wa editin ya ce ka juye masa masta, wato cikakken fim ɗin da ka gama, ya je gida ya kalla kafin ya biya ciko. Ta farkon ba zan ɓata bakina ba, in har yanzu ba ka san da tafin nan da ake yi gaban kyamara kafin a ce akshin ake daidaita su ba to me kake yi a bayana kullum, danna waya?

Ta biyun ce ta fama min tsohon miki. Zamanin sidi, lokacin fim in bai karɓu a kasuwar Ƙofar Wambai ta Kano ba to ya mutu, wani furodusa ya kawo min aiki nan Zoo Road, aikin da wallahi kwashe-kwashe ne kawai, ƙarar janareta ta cinye maganar rabin fim, jarumin a sin guda ya shiga ɗaki da jar dara ya juyo da zanna bukar. Ni na zauna ina yankawa zuwa fuskar yarinyar duk inda hular za ta tona asiri, na sa aka dawo da 'yan wasa suka sake ɗora murya, a ɗauke wuta in sayi mai da kuɗina don kafin alƙalamin da ya bayar ko man bai isa ba. Da na gama sai ga shi da daddare, Malam don Allah masta mai tsafta, gobe za mu kai Hukumar Tace Fina-finai, ciko kuma jibi in sha Allah. Har da rantsuwa.

Na ba shi, sai fastar fim ɗin kawai na gani a bango, ya shiga kasuwa. Da kuɗina na sayi sidin, na kai ƙarshe wajen sunaye, wajen tace hoto, wato aikin da na yi, sai ga sunan ƙaninsa, yaron da ko linzamin kwamfuta bai iya riƙewa ba. Cikon kuwa kasuwa ba ta yi ba, kasuwa ba ta yi ba, har aka daina sidin. Yanzu in mun haɗu wajen biki hannu bibbiyu yake ba ni, ko kunya.

To in naka yana son kallo ga kujera, ya zauna nan ya kalla a kwamfutarka. In ya nace ka fitar masa da mara nauyi, ka rubuta sunanka ɓaro-ɓaro a tsakiyar hoton daga farko har ƙarshe, fayil ɗin furojet kuwa, wato ainihin aikin editin da ke cikin Premiere, ko ƙanin babanka ne kar ya taɓa. Ku yaran yanzu da an ce muku edita sai kai ya kumbura ku miƙa komai, alhali yau ba sai an buga sidi ba, daren nan zai ɗora a YouTube.

Gobe ka zo da wuri, ka taho da hard disk ɗin da aikin ke ciki in ga abin da ka yanka.