Ka fara daga kicin ɗin gurduwara

Ƙanena, ka tambaye ni ko za ka buɗe fim ɗinka na mabiya addinin Sikh mazauna Amurka da hotunan harin Oak Creek, tunda ƙungiyar da ke ɗaukar nauyin aikin haka take so. Ni dai ba zan yi ba.

Harin nan na 5 ga Agusta 2012 a jihar Wisconsin, inda aka kashe mutum shida a wurin ibadarsu, dole ya shiga fim ɗin. Haka ma kisan Balbir Singh Sodhi a gidan mansa a Mesa, Arizona, kwana huɗu bayan harin 11 ga Satumba 2001, don kawai an gan shi da rawani da gemu. Amma in ka fara da gawa, mai kallo zai tausaya wa mutanen da bai sani ba, kuma irin wannan tausayin ba ya kwana.

Ka sammaka kicin ɗin gurduwara, wato wurin ibadarsu, inda ake dafa abincin sadaka da suke kira langar. Likita da direban tirela suna murza gurasa kafaɗa da kafaɗa, sannan kowa ya zauna a ƙasa a ci, baƙo da ɗan gida. Ka sauke kyamararka daidai tsayin mai zaune. Ka kula da sauti sosai, ƙarar tukwane takan cinye hira, saboda haka maƙale wa mai magana ƙaramin makirfo. Ka cire takalmi, ka rufe kai, kai da duk yaran aikinka, kada wani ya shiga da taba a aljihu. A zauren ibada kuma kada neman kusurwa mai kyau ya sa ka juya wa littafinsu, Guru Granth Sahib, baya. Ranar farko ma ka bar kyamara a jaka, ka wanke kwanuka.

Fafutikar neman haƙƙinsu ita ce mai wuyar ɗauka, don yawancinta takarda ce da zaman jira. Bayan Oak Creek, wani matashi da aka kashe mahaifiyarsa ya tsaya gaban kwamitin Majalisar Dattawa yana roƙon a riƙa ƙidaya hare-haren da ake kai wa 'yan Sikh a rukuninsu na daban. Sai a 2015 hukumar binciken manyan laifuka ta Amurka, FBI, ta fara. Shekarun da ke tsakani su ne fim ɗinka: wa ya rubuta wasiƙu, wa ya gaji ya bari.

Akwai tambayar da nake so ka yi wa dattawansu, mu da muke Musulmi ta shafe mu: da aka kai musu hari bisa zaton Musulmi ne, me suka ce wa 'ya'yansu? Ka yi shiru bayanta, kada ka taya su amsa.

Batun ƙungiyar kuwa, ku rubuta tun yanzu cewa za su kalli fim kafin a fitar da shi, su gyara kuskuren suna ko na addini, amma tacewar ƙarshe taka ce. Ka sa hannu kafin ka karɓi kuɗin farko.