Matar Uba a Finafinanmu

Tambaya: Anti, me ya sa finafinan Hausa suka fi nuna matar uba a matsayin muguwa? Zan auri mai 'ya'ya uku, gabana sai faɗuwa yake.

Amsa: Ƙanwata, abin nan ya daɗe yana ci mini tuwo a ƙwarya. Kannywood ta gaje shi ne daga tatsuniya, inda kishiyar uwa ke gallaza wa marainiya, ga shi makirci da zuwa wurin boka sun fi jan 'yan kallo. Akwai azzalumai, ban musa ba. Amma ni matar babana ce ta riƙe ni tun ina shekara 6. Ita ke yi mini kitso, ta ɓoye mini ƙanzo in na dawo Islamiyya. Ranar da za a kai ni ɗakin miji, da ƙyar aka ɓanɓare ni daga jikinta.