Tsakanin Daɓe da Kyamara

Ka tambaye ni me ya sa a wasan daɓe ake yi maka tafi, amma da ka je lokeshan sai darakta ya ce ka cika zaƙewa. Ɗana, daraktan ya fi ka gaskiya. Cutar duk wanda ya taso a dandamali ce.

A daɓe, mutumin da ke kujerar ƙarshe kake yi wa wasa. Ba ya ganin ƙwayar idonka, shi ya sa kake ɗago murya daga ciki, ba daga maƙogwaro ba, kake ware hannu, kake jiran dariya ta lafa kafin ka ci gaba. Ita kuwa kyamara tana matsowa har fuskarka ta cika allo. A nan ɗaga gira kaɗai ihu ne.

Ko Laurence Olivier, ɗan wasan Ingila da aka haifa a 1907, bai tsira ba. Ya riga ya yi suna da wasannin Shakespeare a Landan kafin ya je Amurka yin fim ɗin Wuthering Heights na 1939. Darakta William Wyler ya yi ta sa shi maimaita fitowa ɗaya har sai da ya sauke salon dandamali, daga baya da bakinsa ya ce Wyler ne ya koya masa wasan fim. Fim ɗin Hamlet da Olivier ya yi a 1948 ya kawo masa kyautar Oscar, kuma bai bar dandamali ba har tsufansa.

Ga abin da za ka yi. Kafa wayarka taku biyu daga fuskarka, ka faɗi magana ɗaya sau uku, kowane karo ka rage rabin motsin. Sai ka kashe sauti ka kalla. Wadda ka gane abin da ke zuciyarka ba tare da ka ji murya ba, ita ce ta fim, kuma yawanci ta ukun ce.

In ana ɗaukar ka kusa, kalli idon abokin wasanka wanda ya fi kusa da kyamara, ka rage ƙiftawa. Murya kamar kuna hira a zaure. Makirufo na saman kanka. In na liƙawa ne, guji shadda mai sitaci, ƙararta na cinye magana. Kada ka hau kan maganar wani, edita ba zai sami wurin yankawa ba.

Abin da ya fi kayar da 'yan daɓe shi ne fim ba a jere ake ɗaukarsa ba. Kukan mutuwa da safe, ɗaurin auren mamaciyar da la'asar. Rubuta a gefen takardarka daga ina ka fito a labarin da halin da kake ciki. Ka riƙe hannun da ka ɗauki kofi da shi da yadda ka karkata hula, don za a sake ɗaukar wurin ta wata kusurwa, wataƙila bayan an dawo daga sallar Azahar.