Kuna rigima a kan kayan da ba naku ba

Tambaya: Ni na rubuta labarin, abokina ya zana sabuwar siffar Dalek, mugun nan na Doctor Who, shirin talabijin na BBC ta Ingila, don katun da za mu ɗora a YouTube. Yanzu ya ce zanen nasa ne, sai na biya shi. Shirin tun na 1963 ne, ai ya zama na kowa. In kai shi kotu?

Amsa: Malam, bar maganar kotu tukuna, mu fara da wannan "na kowa". Tsufan abu ba ya kashe haƙƙin mallaka. Terry Nation, wanda ya ƙirƙiro Dalek, ya rasu a 1997, kuma a Ingila da Najeriya haƙƙin marubuci yakan ci gaba shekara 70 bayan rasuwarsa. Bisa wannan lissafi, sai ƙarshen 2067. Zamanka a Kano ma da wuya ya kare ka, tunda Najeriya tana cikin yarjejeniyar Berne, wadda ƙasashe suka ƙulla don kare haƙƙin mallakar marubutan juna.

Ita kanta BBC, a 2004 tattaunawarta da magadan Nation ta taɓa watsewa, sai da aka sasanta sannan Dalek ya dawo a 2005. To, ina ga mu?

Ban ga zanen ba, saboda haka ba zan yanke hukunci ba. Amma idan idon nan guda mai tsini yana nan, da ƙulle-ƙullen jikin, da muryar ƙarfe, da sunan, canza launi kawai aka yi, kuma irin wannan sabuntawa tana buƙatar izini.

Abokin naka ya yi gaggawar neman kuɗi a kan katun da bai fito ba, amma maganarsa ba ta rasa tushe. Raymond Cusick, wanda ya zana siffar Dalek ta asali, ma'aikacin BBC ne, shi ya sa bai mallake ta ba. Naka abokin ba ma'aikacinka ba ne. In babu yarjejeniya a rubuce, mai yiwuwa abin da ya ƙaro na kansa nasa ne.

Ƙarar haƙƙin mallaka Babbar Kotun Tarayya ake kaiwa, kuma a can ku biyun za ku baje kayan wani a gaban alƙali. Ni dai ban ba ka wannan shawara ba. Ku zauna da wani babba da kuke jin nauyinsa, ko ku je cibiyar sasanci ta kotun Kano. Ku cire sunan da siffar, ku gina mugunku na kanku, sannan ku rubuta kason kowa, ku sa hannu gaban shaidu.