Fend ɗin nan, faɗa ne ko neman na kai?

TAMBAYA: Salamu alaikum Malam. Ni ɗalibi ne daga Mabera nan Sakkwato, ina shirin WAEC. Cikin tsofaffin tambayoyi munka ci karo da "the boy had to fend for himself", ni na zaɓi cewa yaron dambe ya yi don ya kare kainai, malaminmu ya ce na faɗi. To ba daga defend wagga kalma ta fito ba?

AMSA: Wa alaikumus salam ɗana. Ka yi daidai a asali amma malaminku ya fi ka gaskiya a jimlar. Fend dai defend ce aka yanke wa kai, Turawan Ingila suka gaji da "de" ɗin suka yar, wajen shekarar 1300, kamar yadda mu ke mayar da Abubakar Bukar. Ita kuma defend daga Faransanci ta shigo musu bayan mutanen Normandi sun ci Ingila a 1066, Faransawa su ma gado suka yi daga Latin, defendere, wato ka buge abu ya kauce maka. Offend ma gidansu ɗaya.

Inda ka zame shi ne ƙaramar kalmar da ke binta. In ka ga fend off, to nan ne ma'anarka take. Ka taɓa tsayawa kallon dambe ai, hannu ɗaya an ɗaure shi da zare shi ne na duka, ɗayan a buɗe a gaba yana tare naushi yana ture abokin karo, to aikin wannan buɗaɗɗen hannun shi ne fend off, kuma ba sai naushi ba, kare ne ya biyo ka ko 'yan jarida sun tsare gwamna da tambayoyi yana zillewa, duk haka za su ce.

Amma fend for himself babu ko faɗa a ciki. Yaro ne da ba mai ci da shi, irin waɗanda kake gani a babbar kasuwa da baro tun da sassafe suna dakon albasa su samu na koko da ƙosai, shi ne cinsa shi ne sabulunsa. Ci da kai ke nan, kuma wannan ita 'yan jarabawa suka fi son ɗana muku tarko da ita.

Af, fence da kuke cewa an zagaye fili da shi, shi ma defence ne aka gutsure. Sannan in Allah ya kai ka Birnin Ƙonni ta Illela ka ga an rubuta "défense de fumer" a gidan mai kar ka ce ana kare masu shan taba ne, a Faransanci kalmar tana nufin hani ma, cewa suke kar a sha sigari a wurin.